Jagorar Ziyarar Yini Ɗaya Zuwa Kufan Chichén Itzá Da Rijiyoyin Yucatán

Duk wanda ya sauka a Cancún, a gaɓar tekun kudu maso gabashin Meziko, tun bai fita daga filin jirgi ba za a fara yi masa tallan tafiya guda. A ɗauke shi da safe, a kai shi kufan birnin Chichén Itzá, a kai shi wanka a ɗaya daga cikin rijiyoyin nan da Allah ya haƙa da kansa waɗanda ake kira senote, a ciyar da shi, da dare a maido shi masauki. Hotunan da ke jikin takardun tallan duk iri ɗaya ne, amma yinin da kowa ke samu ya sha bamban. Wani zai tsaya gaban dala da sanyin safiya, fili fetal, yana jin bayanin ɗan jagora ba tare da an ɗaga murya ba. Wani kuwa sai rana ta take za a sauke shi a tsakiyar dubban mutane, gumi na tsiyaya, kafin ya gama gane gabas da yamma an ce ya koma mota. Tun ranar biyan kuɗi kowannensu ya zaɓi rabonsa, ko ya sani ko bai sani ba. Wannan jagora na son ka zaɓa da saninka.

Da farko, ka san abin da ya haɗa kufai da ruwa

Mutane da yawa suna ɗaukar wankan senote a matsayin gyara da ake ƙara wa mai saye. A gaskiya shi ne rabin labarin. Arewacin yankin Yucatán shimfiɗaɗɗen dutsen farar ƙasa ne mai ramuka, ruwan sama ba ya zama a kansa, yana sauka yake tsotsewa. Shi ya sa za ka yi tafiyar awa biyu a mota ba ka haye gadar kogi ko ɗaya ba. Kogunan suna nan, amma a ƙarƙashin ƙasa suke gudu. Inda rufin kogo ya rufta, ruwan ya bayyana, nan ne senote, kuma akwai dubbansu a yankin. Masana sun lura cewa a kewayen birnin Mérida senote-senote sun jeru kamar zobe, suna bin bakin ramin Chicxulub, inda wani ƙaton dutse ya faɗo daga sama kimanin shekaru miliyan 66 da suka wuce.

Ƙasar da ba ta da kogi, inda rijiya take nan gari ke kafuwa. Mutanen Maya sun gina Chichén Itzá ne a gefen manyan senote biyu: Xtoloc, wadda suke sha, da Senote Mai Tsarki, wadda suke kai wa hadaya. Birnin ya yi tashe tsakanin wajen shekara ta 600 zuwa ta 1200 miladiyya, ya zama ɗaya daga cikin mafi girma a duniyar Maya. Hukumar UNESCO ta sa shi cikin wuraren tarihi na duniya a 1988, a 2007 kuma aka zaɓe shi cikin sababbin abubuwan al'ajabi bakwai. Yanzu sama da mutum miliyan 2 ke ziyartarsa a shekara, kuma wannan adadi ne ya sa batun lokaci ya fi komai muhimmanci.

Abu guda kuma da nake so ka riƙe: mutanen Maya ba su ƙare ba. Fiye da mutum dubu 700 ne ke magana da harshen Maya na Yucatán a yau. Direbanka, da matar da ke gasa maka gurasar masara, da mai sayar da sassaƙe a bakin hanya, mai yiwuwa jikokin maginan ne. Ka shiga wurin da ladabin wanda ya je gidan kakannin wani.

Takardu da lokacin shekara

Mai fasfon Najeriya yana bukatar biza kafin ya shiga Meziko, kuma ofishin jakadancinsu yana Abuja. Meziko kan ɗauke wa masu bizar Amurka, Kanada, Birtaniya, Japan ko ta Shengen mai rai wannan nauyi, amma ka tabbatar daga ofishin jakadancin kafin ka yanki tikitin jirgi, domin dokar shige da fice ba ta zama wuri ɗaya.

Daga Nuwamba zuwa Fabrairu ne yanayi ya fi sauƙi. Afrilu da Mayu zafi ya fi tsanani, yakan haura maki 35. Kada ka ce ai kai ɗan Sakkwato ne ko ɗan Maiduguri, rana ba ta ba ka tsoro. Zafin can mai laima ne, gumi ba ya bushewa a jiki, kuma gajiyarsa ta fi saurin kama mutum. Daga Yuni zuwa Oktoba damina ce, ruwan yakan sauko da yamma, wanda hakan ma wani dalili ne na yin sammako. Ka kauce wa ranar Lahadi in da hali, saboda ranar ce 'yan ƙasa ke samun sauƙin kuɗin shiga, wurin yakan cika maƙil.

Zaɓen wanda zai kai ka

Nan ne ya kamata ka ɓata lokaci, domin nan ake cin riba, nan ake faɗuwa.

Tafiyar iri uku ce. Akwai ta babbar safa mai ɗaukar mutum arba'in ko hamsin, ita ce mafi araha. Akwai ta ƙaramar bas mai mutum goma zuwa goma sha biyar. Akwai kuma shata, inda mota da direba da ɗan jagora duk naka ne kai da iyalinka. In kun kai mutum huɗu ko biyar, ku lissafa kuɗin shata ku raba, sau da yawa bambancin bai kai yadda ake tsammani ba, kuma ita ce kaɗai ke ba ku ikon cewa a tsaya a yi salla ko a sauya senote.

Araha ba ta ado. Babbar safa takan kwashe awa ɗaya ko biyu tana zagaya otal-otal tana kwasar fasinja. Daga nan ta tsaya a wani kantin kayan tsaraba da ake kira ƙauyen Maya, a bar ku a ciki kusan awa guda, domin kamfanin yana da kamasho a kan duk abin da kuka saya. Sai tsakar rana ko bayanta ku isa kufai, daidai lokacin da sauran safofin suka iso, rana kuma tana tsakiyar ka. Wannan tsari ne ya sa farashin ya yi ƙasa. A ganina wanda ya ƙetare tekun Atilantika ya zo nan bai kamata ya yi tsimin da zai lalata masa wannan yini ba.

Kafin ka biya, ka yi waɗannan tambayoyi, kuma ka nemi amsa a rubuce. Ƙarfe nawa za mu isa ƙofar kufai? Wannan ce tambaya ta farko, in amsar ta wuce ƙarfe 9 na safe, nemi wani kamfani. Awa nawa za mu yi a ciki? Kada ka yarda da ƙasa da biyu da rabi. Kuɗin shiga yana cikin farashin? A nan ake yawan yi wa baƙi rufa-rufa. Kuɗin shiga Chichén Itzá kashi biyu ne, na hukumar tarihi ta tarayya wato INAH, da na gwamnatin jihar Yucatán, kuma jimillarsu ga baƙo ta haura peso 600 a 'yan shekarun nan. Wasu kamfanoni kan tallata farashi mai daɗi, sai kana cikin mota a ce ka kawo kuɗin haraji. Tambayi sunan senoten da za a je, da ko rigar hana nutsewa da akwatin ajiya suna cikin kuɗin. Tambayi harshen da ɗan jagora zai yi. In an ce harshe biyu ne, Turanci da Sifaniyanci, to ka sani rabin lokacin bayani ba naka ba ne. 'Yan jagora masu lasisi suna rataye da katin ma'aikatar yawon buɗe ido, ba laifi ka nemi gani.

Ka yi hattara da masu tare ka a filin jirgi ko harabar otal da tayin tafiya kyauta ko rabin kuɗi. Galibi sharaɗin shi ne ka zauna awanni suna matsa maka ka sayi hannun jari a gidan hutu.

Inda ka kwana ma yana da tasiri. Daga Cancún kimanin kilomita 200 ne, awa biyu da rabi ta babbar hanyar da ake biyan kuɗi. Daga Tulum wajen awa biyu, daga Mérida kimanin kilomita 120. Wanda ya fi kowa more wa shi ne wanda ya kwana a Valladolid, kilomita 40 kacal daga kufan. Zai iya shiga motar haya da safe ya ɗauki ɗan jagora a bakin ƙofa. Jirgin ƙasan Tren Maya, wanda ya fara aiki a Disamba 2023, shi ma yana da tasha a Chichén Itzá, sai dai ka duba ko lokacin isarsa ya dace da sammakon da kake so.

Agogo biyu

Cancún da Tulum da Playa del Carmen suna jihar Quintana Roo, kufan kuwa yana jihar Yucatán, kuma agogon Yucatán yana bayan na Quintana Roo da awa ɗaya duk shekara. Wannan riba ce a tafiya: in ka bar Cancún ƙarfe 6:30, za ka isa wajen ƙarfe 8 na agogon can, daidai lokacin buɗe ƙofa. A dawowa kuma sai ka biya bashin awar. Wayarka za ta iya sauya lokaci da kanta a hanya, don haka duk sa'ar da ɗan jagora ya ce a haɗu a mota ƙarfe kaza, tambaye shi agogon wace jiha yake nufi.

Abin da za ka zuba a jaka

Ruwan sha mai yawa, hula mai faɗi ko laima, da takalmi mai rufe ƙafa wanda tafinsa ke kama ƙasa. Tufafi marasa nauyi masu dogon hannu sun fi man kare fata amfani a wannan yini, dalilin zai zo a gaba. Ka sa kayan wanka, tawul, da leda ta zuba jiƙaƙƙun kaya. Ka riƙe peso a hannu, ƙananan takardu, domin na'urar kati takan ƙi aiki, kuma canjin dala a wurin 'yan kasuwa ba ya yi wa mai saye daɗi. Ƙaramar darduma mai naɗewa. Jirgin ɗaukar hoto mara matuƙi haramun ne a wurin, manyan kyamarori da sandar kafa su kuma sai da izini, waya dai ba matsala.

Cikin kufai

Ana buɗewa ƙarfe 8 na safe, a daina shiga ƙarfe 4, a rufe ƙarfe 5. Da sanyin safiya ake kama fara. Ka shiga bayi a bakin ƙofa kafin ka wuce, sannan ka nufi dala kai tsaye tun filin bai cika ba.

Dalar Kukulcán, wadda Sifaniyawa suka kira El Castillo, tsayinta mita 24 ne, da ɗakin ibadar da ke samanta ya kai 30. Abin da zai kama hankalinka in ɗan jagora ya iya aikinsa shi ne ginin kansa kalanda ce. Matattakala huɗu, kowace da taki 91, jimilla 364, a haɗa da dandamalin sama ya zama 365. Hawa tara ne, matattakala ta raba kowace fuska gida biyu ya zama 18, adadin watannin shekarar Maya, kowane wata kwana 20, da ragowar kwana 5. Mutanen nan sun san sifili, suna ƙirga da ashirin-ashirin, sun bi tafiyar rana da taurari da ido zalla. A wajen 21 ga Maris da 22 ga Satumba, sa'ad da dare da rana suka daidaita, hasken la'asar kan faɗa gefen matattakalar arewa ya zana siffar maciji yana gangarowa har ya haɗu da kan macijin dutse da ke ƙasa. Dubban mutane ke taruwa a ranakun. In kana son gani ba tare da turmutsutsu ba, kwanakin da ke gab da ranar ko bayanta ma yana bayyana.

Ka tsaya daidai gaban matattakala ka tafa hannu da ƙarfi. Amsa-kuwwar da za ta dawo ba tafi ba ce, wata ƙara ce mai kama da kukan tsuntsun ketsal, wanda Maya ke girmamawa. Da safe ne kaɗai za ka ji ta da kyau, domin da rana ƙungiya goma ce ke tafi a lokaci guda.

Ba a hawa dalar. An rufe ta bayan wata baƙuwa ta faɗo ta rasu a 2006, kuma waɗanda suka tsallake igiya a 'yan shekarun nan sun gamu da 'yan sanda da fushin jama'a. Abin da ke ciki sai dai a ba ka labari: a shekarun 1930 masu tono sun tarar da wata tsohuwar dala a cikin wannan, da karagar jan damisa mai ɗigon koren dutse. A 2015 kuma masana na jami'ar UNAM suka gano cewa akwai senote a ƙarƙashin ginin. Ruwan dai bai bar labarin ba.

Daga nan sai babban filin ƙwallo, mita 168 a tsayi, 70 a faɗi, mafi girma da aka sani a wannan yanki na duniya. Ana buga ƙwallon danko mai nauyi ne da ƙugu, ga zoben dutse can sama a jikin bango. Ka sunkuya ka dubi sassaƙen da ke gindin bangon, inda 'yan wasa suka jeru, ɗaya a durƙushe an sare masa kai, jini na fita a siffar macizai. Wasu 'yan jagora za su ce maka da tabbaci wanda ya ci wasa ake yankawa. Masana ba su haɗu a kan haka ba, don haka ka ɗauke shi a matsayin ra'ayi. Kusa da filin akwai dandamalin da aka zagaye da zanen ƙoƙon kai jeri-jeri. Wurin yana da nauyi a zuciya, in kana tare da ƙananan yara ka shirya abin da za ka ce musu.

Kada ka yarda a tsallake Senote Mai Tsarki, ko da ɗan jagora ya ce lokaci ya ƙure. Wata tsohuwar farar hanya mai tsawon mita 300 ce ke kai wa gare ta daga babban fili. Rami ne mai faɗin mita 60, bangonsa a tsaye, koren ruwa can ƙasa. Nan ake jefa hadaya ga Chaac, abin bautarsu na ruwan sama, musamman in fari ya tsananta. Edward Thompson, ƙaramin jakadan Amurka wanda ya sayi gonar da kufan ke ciki a 1894, ya yashe ramin daga 1904 zuwa 1910. Ya fito da zinariya, koren dutse, tukwane, turaren ƙaro da ƙasusuwan mutane, manya da yara, ya kuma aika da yawancinsu gidan tarihin Peabody na jami'ar Harvard. Mutanen Meziko ba su manta da wannan kwasa ba, kuma duk wanda ya san yadda kayan tarihin Afirka suka ƙare a Turai zai gane zafin. Ba a wanka a nan, kallo ne kawai daga baki.

Haikalin Mayaƙa da ɗaruruwan ginshiƙan da ke gabansa ba sa cin lokaci, daga nesa ake kallo. Yawanci a nan bayanin ɗan jagora ke ƙarewa, ya ba ku lokacin kanku. Mafi yawan mutane sai su koma dala ɗaukar hoto. Kai ka nufi kudu. Can ne El Caracol yake, gini mai zagaye wanda tagoginsa ke fuskantar wuraren faɗuwar tauraruwar Zara. Gaba kaɗan akwai Las Monjas da ƙaramin ginin La Iglesia, waɗanda aka cika fuskarsu da sassaƙe masu dogon hanci. A wurina nan ne aikin hannu ya fi kyau a duk birnin, ga inuwa, ga ƙarancin mutane.

Hanyoyin cikin kufan cike suke da 'yan tebur masu sayar da sassaƙen katako, riguna masu surfani da usur mai kukan damisa. Galibinsu mutanen Pisté ne da ƙauyukan kewaye, da wannan suke ci da iyali. Kiran "dalar Amurka ɗaya" na jawo hankali ne, ba shi ne farashin abin da ke hannunsa ba. Ana tayi, Bahaushe kuwa ba a koya masa ciniki, amma ka bar sayayya sai ka gama zagaye, kuma in ka ga mutum da wuƙar sassaƙa a hannu yana aikin da kansa, kada ka matse shi har ya rasa riba.

Sauka cikin senote

Tsarin da ya dace shi ne kufai da safe, ruwa da rana. Jikin da ya sha zafi ne ke sanin daɗin ruwan da sanyinsa ke wajen maki 24 zuwa 25.

Ik Kil ce aka fi kai mutane, saboda 'yan mintuna ne daga kufan. Kyakkyawa ce ƙwarai: rami mai zagaye, faɗin mita 60, ruwan yana mita 26 ƙasa da doron ƙasa, saiwoyi na reto daga baki har ruwa, baƙaƙen tarwaɗa na yawo. Zurfinta ya haura mita 40. Amma daga tsakar rana takan cika har mutane su riƙa gogar juna. Suytun, kusa da Valladolid, kogo ce mai dandamalin dutse a tsakiya inda haske ke saukowa ta wata kafa, ta fi dacewa da hoto a kan iyo, kuma ana bin layi. Xkekén da Samulá a ƙauyen Dzitnup kogwanni ne masu duhu da sanyi. In kana da ikon zaɓe, ina ba da shawarar Yokdzonot, yamma da kufan, wadda ƙungiyar mutanen ƙauyen ke kula da ita. Ta fi natsuwa, kuɗinka kuma yana zama a ƙauyen.

Ga yadda ake yi. Ka karɓi makullin akwati ka kulle fasfo da kuɗi da waya. Ka sauya kaya, ka shiga shawa ka wanke jiki sosai kafin ka sauka. Wannan doka ce, kuma tana da dalili mai ƙarfi. Ruwan senote a haɗe yake da na ƙarƙashin ƙasa, wanda shi kaɗai ne ruwan daɗi da yankin ke da shi. Man kare fata, turare, man shafawa da maganin sauro duk suna narkewa su bi ruwan. Ko man da aka rubuta cewa ba ya cutar da muhalli, senote da yawa sun hana. Shi ya sa na ce riga mai dogon hannu ta fi.

Ka sa rigar hana nutsewa, ka ja igiyoyinta su kama jiki. A wurare da yawa dole ce, inda ba dole ba ma ka sa. Da yawa cikinmu ba mu tashi da iyo ba, wanda ya iya ma a kogi ko kududdufi ya koya, inda ƙafa ke taɓa ƙasa. A senote irin Ik Kil babu gefe mara zurfi, kana barin tsani ka shiga ruwa mai zurfin gaske, ruwan daɗi kuma ba ya ɗaga jiki kamar na teku. Ba abin kunya ba ne ka riƙe igiyar da aka miƙa a kan ruwa. Matattakalar sauka a jiƙe take kullum, ka riƙe ƙarfe, kada ka yi sauri. Ba a tsalle sai a inda aka keɓe, bayan ka duba babu kowa a ƙasa. Kada ka ja saiwoyi ko ka taɓa duwatsun da ke reto daga rufin kogo, dubban shekaru suka ɗauka suna tsirowa. Kada ka haɗiyi ruwan, in kana da ɗanyen rauni kuma ka haƙura. Yaro kada ya yi nisa da hannunka ko da yana da riga.

Maza da mata tare suke wanka, cikin kayan wanka irin na Turawa. Gara ka san haka tun daga gida. 'Yar'uwa, in kina son shiga, doguwar rigar iyo mai wando da hula tana wadatarwa, ki guji zane ko hijabi mai faɗi, domin yana nauyi a ruwa ya naɗe ƙafa. Iyalin da ke son sirri su ɗauki shata su nemi ƙaramar senote da wuri. Wanda kuma ya ga ransa bai kwanta ba, akwai wurin tsayawa daga sama a yi kallo, ba wanda zai tilasta masa.

Abinci da salla

Abincin rana galibi na ɗiba da kanka ne, kuma a nan Musulmi ke bukatar buɗe ido, domin girkin Yucatán ya jingina da alade sosai. Cochinita pibil, abincin da suka fi alfahari da shi, alade ne. Poc chuc alade ne. Longaniza da lomitos na Valladolid ma haka. Wanda ya fi ɓuya shi ne man alade, da suke kira manteca, wanda ake soya wake da shi, ake kuma sa wa a gurasar fulawa. Ka haddace kalmomi kaɗan: "sin puerco" wato ban da alade, da "¿tiene manteca?" don tambayar ko da man a ciki. Gurasar masara zalla yawanci ba ta da shi. Papadzules gurasar masara ce da dafaffen ƙwai da miyar 'ya'yan kabewa. Kifi, fiya da aka dama, gwanda, kankana da abarba duk suna samuwa. Ka sanar da kamfani tun ranar biya, ka kuma sa dabino ko gyaɗa a jaka don ko-ta-kwana. Jan barkonon habanero da ke kan tebur ya fi attaruhu faɗa, ka ɗanɗana kafin ka zuba.

In ka ga jan abin sha a tulun gilashi an ce maka agua de jamaica, zoɓo ne. Meziko ce babbar mai sayen zoɓon da Najeriya ke fitarwa daga Jigawa da Kano da Katsina, don haka ba mamaki furen da ke kofinka daga gida ya fito.

Wasu tafiye-tafiyen sun haɗa da ɗanɗanon giyar tekila ko wata mai zuma da ake kira xtabentún, wasu kuma da bikin tsarki inda wani boka ke turara baƙi da hayaƙi. "No, gracias" da murmushi ya isa, ka koma gefe ba tare da raini ba.

Ba za ka sami masallaci a wannan hanya ba. Nisan ya wuce na ƙasaru, kuma wurin cin abinci ko harabar senote ne ya fi dacewa da Azahar da La'asar, ga ruwan alwala ga inuwa. Alƙibla daga Yucatán tana arewa maso gabas. Ka bar manhajar salla ta karanta inda kake, saboda sauyin agogon nan. Ka gaya wa ɗan jagora tun safe kana bukatar minti goma, in ya sani da wuri zai saka shi cikin lissafi.

Valladolid da hanyar gida

Yawancin tafiye-tafiye kan tsaya a Valladolid na rabin awa ko ƙasa da haka. Sifaniyawa ne suka kafa garin a 1543, bayan shekara biyu suka maido shi kan tsohon garin Maya na Zací, suka yi gini da duwatsun haikalinsa. A 1847 Maya suka yi tawaye a wannan yanki, yaƙin da bai lafa ba sai 1901. Rabin awa zai ishe ka zagaya dandalin tsakiya, ka ga cocin San Servacio daga waje, ka sayi abin sha mai sanyi. In shata ka ɗauka, ka nemi a bi da kai titin Calzada de los Frailes har zuwa tsohon ginin San Bernardino.

Wanda ke da kwana na biyu, ko wanda cunkoso ke damunsa, ya duba Ek Balam, wani kufan Maya da ke arewa da Valladolid. Ta fi ƙanƙanta, mutane kaɗan ne, ga senoten X'Canché a gefenta.

Kafin ka sauka daga mota ka ware tukuici. A gidan abinci kashi 10 zuwa 15 cikin ɗari ake bayarwa, ɗan jagora da direba kuma kowa a ba shi nasa a hannu, domin kaso mai tsoka na abin da suke samu daga nan yake fitowa. In daga Cancún ka taso, ka lissafa awa 12 zuwa 13 daga fita zuwa dawowa. Kada ka sa jirginka na tashi a wannan dare, kuma ka shanya jiƙaƙƙun kayanka da zarar ka shiga ɗaki, domin laimar can ba ta barin kaya su bushe a cikin jaka.